Takarda ko bam: muhawarar 'yan zaure a kan alkawarin Budapest

Hauwa'u: Assalamu alaikum 'yan zaure. Ina neman agaji, musamman daga Dakta Bello da Barista Rabi. Ina rubuta maƙalar da zan gabatar a kwas ɗinmu na hulɗar ƙasa da ƙasa, na zaɓi batun Yukren da makamanta na nukiliya. Hujjata gajera ce. Da Tarayyar Sobiyet ta wargaje a 1991, an bar wa Yukren kawunan nukiliya masu cin dogon zango kusan 1,900, ita ce ta uku a duniya bayan Rasha da Amurka. A 1993 Farfesa John Mearsheimer na Jami'ar Chicago ya rubuta a mujallar Foreign Affairs cewa kada ta yarda ta miƙa su, domin su kaɗai ne za su hana Rasha taɓa ta. Ba a saurare shi ba. Ranar 5 ga Disamba 1994, a birnin Budapest, Yeltsin na Rasha da Clinton na Amurka da John Major na Birtaniya da shugaba Kuchma na Yukren suka sa hannu a kan takardar da ta ce za a mutunta iyakokin Yukren. A 1996 bam na ƙarshe ya bar ƙasar. A 2014 Rasha ta haɗiye Kirimiya, ranar 24 ga Fabrairu 2022 kuma ta shigo gaba ɗaya. Sai na rufe da cewa Mearsheimer ya yi gaskiya, yarjejeniya ba ta kare kowa. Malamin da ke duba aikina ya dawo mini da shi da jan biro, wai wannan labari ne, ina binciken? Ni kuwa wallahi ban ga abin da ya rage a bincika ba.

Nura: Wa alaikumus salam. Hajiya, malaminki ne bai gane ba. Ƙara masa da Gaddafi. A Disamba 2003 ya miƙa shirinsa na nukiliya da hannu biyu, Turawa suka riƙa sintiri zuwa tantinsa, a Oktoba 2011 aka zaro shi daga kwalbati a Sirte. Sabo da kaza ba ya hana yanka. Koriya ta Arewa kuwa ta yi gwajinta a 2006, yau wa ya isa ya taɓa ta? Misali uku ke nan, ya ishe ki digiri.

Dakta Bello: Hauwa'u, ni ma da jan biron zan dawo miki da shi, kada ki ji haushi. Tambaya ta farko: kin karanta maƙalar da ke biye da ta Mearsheimer a wannan fitowar ta mujallar?

Hauwa'u: A'a Dakta, tasa kaɗai na samu, ita ma wani ne ya turo mini.

Dakta Bello: To a nan gizo ke saƙar. Editocin sun buga maƙala biyu ne kafaɗa da kafaɗa. Ta biyun Steven Miller na Harvard ne ya rubuta, yana kawo dalilan da suka sa bai kamata Yukren ta riƙe makaman ba. Wanda ya karanta ɗaya ya bar ɗaya kamar alƙalin da ya ji ta bakin mai ƙara ne ya tashi kotu.

Abin da ke ƙarƙashin jayayyar shi ne bambancin da ke tsakanin kaya suna gidanka da kaya suna hannunka. Rokokin suna cikin ramuka a ƙasar Yukren, guda 176, amma lambobin sirrin harbawa suna Mosko. A Rasha aka ƙera kawunan, a can kuma ake yi musu gyara. Kuma bam ba takobi ba ne da za ka rataye a bango jikanka ya gada. Akwai sinadarin tiritiyam a ciki wanda rabinsa ke lalacewa cikin shekara goma sha biyu da 'yan kai, dole a riƙa sabuntawa. Yukren ba ta da masana'antar tace yuraniyam zuwa matakin bam. Tana da injiniyoyi gwanaye, don wasu rokokin ma a yankin Dnipro aka ƙera su, kuma akwai masanan da ke ganin da ta dage da ta iya ɓalle makullan. Amma a 1993 hauhawar farashi a ƙasar ta kai kashi dubbai cikin ɗari, gas ɗin da take ɗumama gidaje da shi daga Rasha yake zuwa a kan bashi, Amurka kuma ta ɗaure tallafinta da sharaɗin a miƙa makaman. Ki ƙara da tashar lantarki ta nukiliya ta Chernobyl, wadda ta fashe a ƙasarsu a 1986. Tun a Yulin 1990, kafin 'yancin kai, majalisarsu ta shelanta niyyar zama ƙasar da ba ta da makamin nukiliya.

Saboda haka tambayar bincike ita ce: da ta ƙi miƙawa, me Rasha za ta yi a cikin watannin da Yukren ke ƙoƙarin ɓalle makullan? Za ta naɗe hannu ta jira? Wannan ita ce irin damuwar su Miller, cewa lokacin ƙwace ikon shi ne mafi hatsari. Ke kin kwatanta Yukren ta gaske da wata Yukren da ta riƙe bam cikin kwanciyar hankali har shekara talatin, ba ki nuna mana cewa ta biyun mai yiwuwa ce ba.

Alhaji Ɗanladi: Wato Dakta, riƙe ƙaho suke yi wani na tatsa.

Dakta Bello: Ranka ya daɗe, ka taƙaita mini darasin mako guda.

Nura: Dakta, da girmamawa, ku malaman jami'a kun iya maida abu mai sauƙi ya zama mai wuya. Shi kansa Bill Clinton a 2023 ya gaya wa gidan talabijin na Ayalan cewa yana jin nauyin abin a ransa, don shi ya lallashe su suka miƙa, kuma yana ganin da suna da makaman Rasha ba ta yi abin da ta yi ba. Wanda ya sa hannu ya yi nadama, mu ne za mu fi shi sani?

Barista Rabi: Malam Nura, nadamar tsohon shugaba ra'ayi ne, ba shaida ba ce. Bari in shigo ta ɓangarena. Hauwa'u ƙanwata, kin ce yarjejeniya ba ta kare kowa. Wace irin yarjejeniya? Ki buɗe takardar Budapest ki karanta, sakin layi shida ne kacal, ba za ta ci miki minti biyar ba. Babu inda Amurka ko Birtaniya suka ce za su aiko soja in an kai wa Yukren hari. Abin da suka ɗauka shi ne su kansu ba za su taɓa iyakokinta ba, ba za su matsa mata ta hanyar tattalin arziki ba, za su kai magana Kwamitin Sulhu in an yi mata barazana da nukiliya, kuma za a zauna a yi shawara in matsala ta taso. Kwamitin Sulhun kuwa Rasha na zaune a ciki da kujerar naƙi, ta kuma yi amfani da ita a Maris 2014 da Fabrairu 2022.

Har kalmar da za a sa a kan takardar sai da aka yi ja-in-ja. 'Yan Yukren sun so kalmar garanti. Lauyoyin Amurka suka ƙi, suka zaɓi wata kalmar Ingilishi mai ma'anar ba da tabbaci kawai, domin garanti a wurinsu na nufin irin sashe na 5 na yarjejeniyar ƙawancen tsaro na NATO, inda harin da aka kai wa ɗaya hari ne a kan kowa, kuma sai majalisar dattawa ta amince. Abin mamakin, a kwafin harshen Rashanci da na Yukren kalmar garanti ce ta fito, amma Amurkawa sun sa an rubuta a bayanan tattaunawa cewa su ƙaramar ma'anar suke nufi.

Alhaji Ɗanladi: Barista, wannan ai sana'ata ce. Shekara ashirin ina sayar da janareta. In mutum ya ce Alhaji ba ni garanti, na rubuta masa wata shida a rasit na buga hatimi, to in ya lalace dole in gyara ko in canza. In kuwa na dafa kafaɗarsa na ce haba, wannan ba zai ba ka matsala ba in sha Allahu, ya tafi yana murna, ranar da ya dawo sai dai in taya shi jaje. Yukren dafa kafaɗa aka yi mata ta ɗauka rasit ne.

Barista Rabi: Alhaji, gyara ɗaya: ba ta ɗauka rasit ba ne. Masu tattaunawarta sun san bambancin sarai, sun nema an hana su. Mariana Budjeryn, wata 'yar Yukren mai bincike a Harvard, ta bi takardun ma'ajiyar gwamnati na lokacin ta rubuta littafi a kai, kuma hoton da ya fito shi ne na ƙaramar ƙasa da manya biyu suka sa a tsakiya. Ba kuma hannu rabbana ta tashi ba, an biya ta da makamashin tashoshin lantarki na nukiliya da yafe wani ɓangare na bashi da kuɗin kwance rokokin. Wannan bai wanke Rasha ba ko kaɗan, ta karya abin da ta sa wa hannu ƙarara. Amma rugujewar takarda mai rauni ba hujja ce a kan duk takardu ba. Estoniya da Latbiya da Lituweniya sun fi Yukren ƙanƙanta nesa ba kusa ba, su ma daga Sobiyet suka fito, ba su da bam ko ɗaya, kuma tun da suka shiga NATO a 2004 ba a mamaye su ba.

Nura: To ai NATO ɗin bam ɗin Amurka ne a bayanta. Kin dawo kan maganata.

Barista Rabi: Na yarda da rabi. Bam ɗin Amurka ne, amma takarda ce ta sa ya zama nasu.

Baba Isa: Salamu alaikum yara. Jikata ce ke rubuta mini, idona ba ya ganin ƙananan haruffan nan. Ina jin ku kuna ta Yukren, na ce bari in tuna muku cewa abin nan ya taɓa zuwa bayan gidanmu. Ina makarantar midil Faransa ta fasa bam ɗinta na farko a Reggane cikin saharar Aljeriya, ranar 13 ga Fabrairu 1960. Lokacin hunturu ne, iskar da ke kawo mana hazo daga can take tasowa, mutane suka tsorata, kowane tari da ciwon ido sai a ce bam ɗin Faransa ne. Da suka yi na uku a ƙarshen Disamba, gwamnatin Sa Abubakar Tafawa Ɓalewa ta kori jakadan Faransa a Janairun 1961, ta hana jiragensu na sama da na ruwa sauka. Muna da wata uku kacal da samun mulkin kai. Nkrumah ma a Gana ya riƙe kadarorin Faransa. Ban ce mun hana su ba, sun ci gaba da gwajinsu a Sahara har 1966. Amma dai ba mu yi shiru ba.

Hauwa'u: Allah ya ƙara lafiya Baba. Wallahi ban taɓa jin wannan a aji ba.

Dakta Bello: Allah ya ja kwana Baba. Tunda an dawo gida, Nura yana da babban malami a bayansa bai sani ba. Farfesa Ali Mazrui na Kenya, wanda ya taɓa riƙe kujerar farfesa a Jami'ar Jos, a laccocin Reith da ya gabatar a BBC a 1979 ya ce ya kamata ƙasashen Afirka irin su Najeriya su mallaki nukiliya. Sai dai dalilinsa daban ne. Shi yana ganin manyan ƙasashe ba za su taɓa ajiye nasu ba sai sun ga makamin a hannun waɗanda suka raina, sannan tsoro zai sa kowa ya yarda a kwance gaba ɗaya. Kenneth Waltz kuma, jagoran mazhabar da ake kira ta 'yan zahiri, masu cewa ƙarfi da tsoro ke juya duniya tunda babu sarki a saman ƙasashe, ya rubuta a 1981 cewa yaɗuwar makaman a hankali na iya ƙara zaman lafiya, don duk mai bam yakan shiga taitayinsa. Bai sauka daga kan wannan ba har tsufansa, a 2012 ya rubuta cewa gara a bar Iran ta samu.

Wanda ya tsaya masa shi ne Scott Sagan na Stanford, har suka fitar da littafin muhawara tare a 1995. Sagan cewa ya yi Waltz yana magana kamar ƙasa mutum ɗaya ce mai hankali, alhali bam yana hannun ma'aikatu ne da sojoji da na'urori, masu gajiya da kuskure da ɓoye laifi. A Janairun 1961, watan da Baba ke magana, jirgin yaƙin Amurka ya tarwatse a sama a jihar North Carolina, bama-bamai biyu suka faɗo. A Satumban 1983 na'urar Sobiyet ta nuna rokokin Amurka na tafe, wani hafsa mai suna Stanislav Petrov ya ce ƙarya na'urar take yi, aka kuma yi sa'a haka ne. Yanzu Nura, ka dubi yadda muke riƙe ma'ajiyar makamai ta talaka, ka tuna fashewar ma'ajiyar makamai ta barikin Ikeja a Janairun 2002, ka gaya mini wane ɓangare kake.

Nura: Dakta kada ka raina mu mana. Pakistan ta fi mu tsari ne?

Dakta Bello: Madalla da ka kawo ta. Indiya da Pakistan sun yi gwaji a Mayun 1998. A 1999 suka gwabza a Kargil da ke yankin Kashmir, a Mayun 2025 ma suka yi kwana huɗu suna jifan juna. Masar da Siriya sun auka wa Isra'ila a 1973. Ajantina ta kama tsibiran Falkland a 1982 alhali Birtaniya na da bam. A Agustan 2024 sojojin Yukren suka shiga yankin Kursk na Rasha, ƙasar da ta fi kowa yawan kawunan nukiliya. Su Waltz za su ce ai duk waɗannan ba su zama babban yaƙi ba, kuma suna da magana. Amma wanda ya ce mai bam ba a taɓa shi, tarihi bai goyi bayansa ba. Kirimiya kuma ba da rundunar tankoki aka ɗauke ta ba, da sojoji marasa tambari aka yi, kusan ba harbi. Shugaban Yukren zai harba nukiliya a Mosko saboda wannan, ya san abin da zai dawo wa Kiev?

Mahamadu: Ina gaida 'yan zaure daga Agadas. Ni ba ɗan jami'a ba ne amma ina da abin faɗa, don mu sunan ƙasarmu aka yi amfani da shi aka ci Iraƙi. Tun 1971 ake haƙar yuraniyam a Arlit. A 2002 wasu takardu suka ɓulla wai Nijar ta shirya sayar wa Saddam tan 500. Amurka ta turo tsohon jakada Joseph Wilson Yamai a Fabrairun shekarar, ya koma ya ce abin bai yi kama da gaskiya ba. Duk da haka Bush ya ambaci yuraniyam daga Afirka a jawabinsa na Janairun 2003. Ranar 7 ga Maris, Muhammad ElBaradei na hukumar nukiliya ta duniya ya gaya wa Kwamitin Sulhu cewa takardun na jabu ne. Ɗaya daga ciki ma sa hannun ministan da ya bar kujera fiye da shekara goma kafin nan ke kai. Bayan mako biyu aka fara ruwan wuta a Bagadaza. To Dakta, hukumar ta yi aikinta, ta faɗi gaskiya, yaƙin bai fasa ba. Wa ya ci muhawarar a nan?

Dakta Bello: Malam Mahamadu, tambayarka ta fi maƙalu da yawa da na duba. Kowane ɓangare na da abin ɗauka. Masu imani da hukumomin duniya, irin su Robert Keohane, ba su taɓa cewa hukuma za ta tare tanka ba. Cewa suka yi tana samar da bayani, tana sa ƙarya ta yi tsada. Amurka ta kasa samun ƙuduri na biyu a Kwamitin Sulhu, ta shiga ba da yawun Majalisar Ɗinkin Duniya ba, kuma ta daɗe tana biyan wannan. 'Yan zahiri kuma za su ce ai ta dai shiga.

Ga abin da zai ba Nura mamaki. A Satumban 2002 malaman hulɗar ƙasa da ƙasa 33 suka haɗa kuɗi suka sayi fili a jaridar New York Times suna cewa yaƙin Iraƙi ba maslahar Amurka ba ce. Mearsheimer da Waltz na cikinsu. Mutanen da ake zargi da bautar ƙarfi su ne suka ce kada a yi. Ba wanda ya saurare su.

Nura: Ka ga ni? Sau biyu ke nan Mearsheimer yana faɗa yana tabbata.

Dakta Bello: Sai ka ƙirga da inda bai tabbata ba. A 1990 ya rubuta a mujallar International Security cewa in yaƙin cacar baka ya ƙare Turai za ta koma zaman ɗar-ɗar irin na da, ya yi tsammanin NATO za ta watse ko ta zama fanko, har ya ga dacewar Jamus ta mallaki nukiliya. Yau NATO na da mambobi 32, Jamus ba ta da bam nata. Mai duba ma in ya yi hasashe goma uku suka faɗa daidai, ukun nan za a riƙa yawo da su. Sannan Hauwa'u, akwai aikin da ya fi wannan daɗi. A 1993 ya ce Rasha hatsari ce ga Yukren saboda tarihin da ke tsakaninsu, lokacin ba a fara faɗaɗa NATO ba. A 2014, a mujallar Foreign Affairs dai, ya ce laifin rikicin na ƙasashen Yamma ne, saboda faɗaɗa NATO da alkawarin taron Bucharest na 2008 cewa Yukren da Jojiya za su shiga. Magoya bayansa na cewa magana ɗaya ce, babbar ƙasa ba ta yarda a matso mata. Masu sukarsa na cewa in hatsarin na nan tun 1993, to NATO ba ita ce tushe ba. Ki ajiye maƙalun biyu gefe da gefe ki yi hukunci da kanki. Wannan bincike ne.

Barista Rabi: In ƙara da misalan Nura. Gaddafi bai taɓa mallakar bam ba. Kayan tace yuraniyam ya sayo daga hanyar A. Q. Khan, masanin nukiliya na Pakistan, aka kama wasu a Oktoban 2003 a cikin wani jirgin ruwa mai suna BBC China. Kafin wani ya tambaya, babu ruwansa da gidan rediyon da muke saurare. Yawancin kayan ma a akwatunansu aka same su. Ya miƙa abin da bai gama haɗawa ba ne. Kuma ƙudurin Kwamitin Sulhu mai lamba 1973 da ya buɗe ƙofar kai masa hari a Maris 2011, Najeriya da Afirka ta Kudu da Gabon duk sun ɗaga hannu sun amince. Wakiliyarmu a lokacin Farfesa Joy Ogwu ce, malamar wannan fannin da kuke karantawa.

Mahamadu: Mu kuma muka kwashi sakamakon. Makaman Libiya ta nan suka bi, Mali ta kama wuta a 2012.

Nura: Barista, ko ya haɗa ko bai haɗa ba, darasin da duniya ta ɗauka fa? A 2018 da John Bolton, mai ba Trump shawara kan tsaro a lokacin, ya ce a yi wa Koriya ta Arewa irin tsarin Libiya, ai tsalle suka yi suka dire, saura kaɗan taron Trump da Kim ya rushe. In ka ga gemun ɗan'uwanka ya kama wuta. Iran kuma ta sa hannu a kan yarjejeniyar taƙaita shirinta na nukiliya a 2015, masu sa ido suka ce tana cikawa, Trump ya fice a Mayun 2018. Ku ba ni amsar wannan.

Dakta Bello: Wannan ba ni da amsar da za ta gamsar da kai, kuma nan ne hujjarka ta fi ƙarfi. Abin da shugabanni suka yi imani da shi yana aiki ko da masana sun ce ba daidai ba ne. Amma ka riƙe wannan lissafin. A Maris 1963 Kennedy ya ce yana tsoron zuwa shekarun 1970 ƙasashe 15 ko 20 ko 25 za su mallaki makamin. Bayan shekara sittin, tara ne. Yarjejeniyar hana yaɗuwar makaman nukiliya da ta fara aiki a 1970 tana da mambobi 191. Suwidin ta fara shiri ta bari. Barazil da Ajantina sun bari, suka kafa hukumar da ke binciken junansu a 1991. Kazakistan ta gaji kawuna kusan 1,400 ta miƙa. Afirka ta Kudu ta ƙera guda shida ta kwance, shugabanta na lokacin de Klerk ya bayyana wa majalisa a Maris 1993. In bam ne kaɗai mafita, duk waɗannan mahaukata ne? Mai bincike dole ya bayyana su ma, ba Yukren da Libiya kaɗai ba.

Nura: Ta Afirka ta Kudu kam kowa ya san dalili. Turawa sun ga mulki zai koma hannun Mandela, suka ce baƙar fata ba zai gaji bam ba.

Dakta Bello: Akwai masanan da ke zargin haka. De Klerk shi cewa ya yi barazanar ta kau, sojojin Kyuba sun fara barin Angola, Sobiyet na rushewa. Ba lallai ɗaya ya kore ɗaya ba. Amma gwamnatin Mandela da ta zo ba ta nemi a dawo da shi ba, ita ce ma ta taka rawa aka tsawaita yarjejeniyar hana yaɗuwa ba iyaka a 1995, aka kuma sa wa yarjejeniyar tsarkake Afirka daga nukiliya sunan Pelindaba, cibiyar binciken nukiliyarsu. A Alƙahira aka sa hannu a 1996, ta fara aiki a 2009.

Akwai ma wani ƙaramin misali a ƙofar gida. Ƙaramar na'urar nukiliya ta bincike da ke Zariya, wadda ta fara aiki a 2004, da yuraniyam mai ƙarfi irin wanda ake iya yin bam da shi take aiki. A 2018 aka sauya mata da mai rauni, aka ɗauki tsohon a jirgi aka maida Sin. Amurka da Sin da hukumar nukiliya ta duniya suka yi aikin tare, a shekarar da ƙasashen biyu ke yaƙin haraji. Gana ta yi nata a 2017. Irin wannan ba ya shiga kanun labarai don ba wanda ya mutu.

Alhaji Ɗanladi: Yanzu Dakta kana nufin akwai nukiliya a Zariya ina wucewa ta Samaru kullum ban sani ba?

Dakta Bello: Kwantar da hankalinka Alhaji, ƙarfinta kilowat 30 da 'yan kai ne. Kana da janaretan da ya fi ta a shago.

Hauwa'u: Na gode ƙwarai, Allah ya saka. Ga yadda nake tunanin sauya taken: maimakon ko Mearsheimer ya yi gaskiya, zan tambayi ko Yukren na da hanyar riƙe makaman tsakanin 1992 da 1994, da abin da zai ci mata. Zan kawo Kazakistan da Belarus don kwatance tunda su ma an ba su irin takardar a rana ɗaya. Amma gaskiya Dakta, har yanzu zuciyata na wajen Malam Nura. In na ga hotunan Mariupol, birnin Yukren da yaƙin ya ragargaza, ba na iya cewa sun yi dabara.

Dakta Bello: Ba a hana ki ba. Kina iya ƙarewa a inda kika fara, muddin kin bi ta kan hujjar Miller kin rusa ta da shaida. Ni kaina akwai ranakun da nake kwana a ɓangaren Nura. Kazakistan da Belarus ɗin ma ki yi hattara, wani zai ce miki ba a taɓa su ba ne don ba su juya wa Mosko baya ba, ki tanadi amsa.

Nura: Ku rubuta ku ajiye, in aka ba ni kujerar Kuchma a 1994 ba na sa hannu.

Barista Rabi: Da wane kuɗi za ka biya bashin gas, ranka ya daɗe?

Hauwa'u: Dakta, maƙalar Miller ɗin shafin mujallar na neman in biya da dala, ɗakin karatunmu kuma ba su sabunta rajista ba tun bara. In kana da ita ka taimaka mini, ranar Litinin zan mayar da aikin.

Baba Isa: In an samu a karanta mini ita a murya a turo, ni ma ina so in ji abin da ya ce.